Wasiƙa zuwa Alƙahira a kan Imamu Suyuɗi

Aminina,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa da fatan kana lafiya, ya karatu, ya sanyin Masar? Mutanen gida duk lafiya lau, Inna tana gaishe ka, ta ce ka riƙa kira.

Ka ce ka wuce ta kusa da kabarin Imamu Suyuɗi amma ba ka tsaya ba, wai kai tafsirin Jalalaini kawai ka san shi da shi. Haba malam! Ai ko Jalalainin rabi ne nasa. Malaminsa Jalaluddin Mahalli ya fara daga Kahfi zuwa Nasi, ya yi Fatiha, Allah ya karɓi ransa. Suyuɗi ya ɗauka daga Baƙara zuwa Isra'i, ya gama cikin kwana 40, yana ɗan shekara ashirin da 'yan kai. Abin da malamanmu ke jan baƙi da shi duk azumi ke nan, aikin saurayi.

An haife shi a Alƙahira a 1445, ya tashi maraya, ya haddace Alƙur'ani tun yana ɗan shekara 8, ya rasu a 1505. A tsakanin nan ya bar littattafai sama da 500. Itƙan a ilimin Alƙur'ani, Tadribur Rawi da Jami'us Sagir a hadisi, Muzhir a lugga, Tarihul Khulafa, waɗannan ka san za ka same su a kowane kanti kusa da Azhar. Ƙananan ne suka fi burge ni. Mutumin nan ya yi littafi a kan girgizar ƙasa, ya yi a kan annoba, ya yi a kan darajar mutanen Habasha, ya yi a kan zaman aure ba kunya ba tsoro. Har ƙuma bai ƙyale ba, ita ma da ɗan littafinta.

Bai sha da daɗi ba dai. Wani malamin zamaninsa, Sakhawi, ya zarge shi da kwashe littattafan magabata daga ɗakin karatu na Mahmudiyya yana sa sunansa, shi kuma ya mayar da martani mai zafi. Da ma ba ya raina kansa, tunda har ya yi fatan shi ne mujaddadin ƙarninsa. Ni a ganina tattarawa ce baiwarsa, kuma ta yi rana, don wasu littattafan da ya ciro maganganu daga cikinsu sun ɓata, sai a wurinsa ake samun su.

Mu Katsinawa ma muna da rabo a alƙalaminsa, domin ya aiko wa Sarki Ibrahim Sura da Sarkin Agadas wasiƙar nasiha a kan adalci.

Don Allah ka duba mini Husnul Muhadara, tarihin Masar da ya rubuta, bugu mai kyau. In ka samu ka ba alhazan da za su taho, kuɗin kuma zan ba ƙanenka. Ka koma kabarin Suyuɗi ka yi masa addu'a.

Ka huta lafiya.

Naka,
amininka na Katsina