Wasiƙa Ga Iyaye Da Masu Riƙo: In Aure Ya Mutu, A Sanar Da Mu

Assalamu alaikum iyayenmu,

Da fatan an shiga sabon zango lafiya. Yau dai ba maganar kuɗin makaranta ta kawo mu ba.

Kwanan baya wata yarinya 'yar aji huɗu ta jera kwana uku ba littafin lissafi. Malama har ta ɗauko bulala, sai yarinyar ta sunkuyar da kai ta ce, "Malama, yana gidan Baba." Ashe wata biyu ke nan da sakin mahaifiyarta, suna gidan kakarta, an kuma ja mata kunne kada ta kuskura ta taka ƙofar gidan uban. Ba wanda ya gaya mana.

Masana sun daɗe suna bincike kan irin waɗannan yara. Mavis Hetherington ta Jami'ar Virginia a Amurka ta shafe kusan shekara 30 tana bibiyar iyalai wajen 1,400. Ta gano cewa shekara biyun farko bayan rabuwa su ne mafi tsanani, amma yara 75 zuwa 80 cikin 100 sun warware sun tashi lafiya lau. Sauran 20 zuwa 25 ne suka shiga babbar matsala, alhali a gidajen da aure bai mutu ba 10 ne kawai. Shi kuma Paul Amato, wani masanin zamantakewa na Amurka, ya nuna cewa rigimar iyaye ita ce babbar illar, har ma yaron da kullum ake dambe a gabansa yakan fi samun sauƙi in an rabu.

Amurka daban, nan daban. Su ba su san zaman kishiya ba. Amma abin da muke gani a aji bai saɓa ba. Wanda ya fi lalacewa shi ne yaron da aka mayar ɗan aike: "Je ka ce wa ubanka ba sabulu," "Ce wa uwarka ba ni da shi." Irinsa ne ke kifa kai a tebur tun ƙarfe tara. Malamanmu na Malikiyya kuwa sun fayyace, reno na uwa ne, ciyarwa na kan uba, saki bai sauke masa ita ba.

Don Allah, in yaro ya canza gida, a leƙo ofis ko a kira malamin aji. A faɗa mana wa zai riƙa ɗaukarsa, wa za a bai wa sakamakon jarrabawa, lambar wa za a kira in ba shi da lafiya. Ba za mu tambayi wa ke da laifi ba, maganar kuma ba za ta wuce ofis ba.

Wassalam,
Hukumar Makaranta