Wasiƙa daga Agege: Abin da Yake Jawo Mutane Zuwa Ikko

Zuwa ga aminina,

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan kana lafiya tare da iyali, wasiƙarka ta iso ni, na kuma karanta maganar ɗanka da yake son zuwa Ikko neman na kansa. Ka ce abin da yake ɗaure maka kai shi ne yadda mutane ba su daina kwararowa nan ba, alhali gwamnatin tarayya ta kwashe kayanta ta koma Abuja tun Disamban 1991. A ganina, arzikin Legas bai taɓa dogara ga kujerar mulki ba. Bakin teku ne ya haife shi, ƙasar da ke bayansa kuma, har da tamu, ita ce take ciyar da shi.

Tsibirin da Yarbawa suke kira Eko, wanda bakinmu ya mayar Ikko, tashar cinikin bayi ce a da, kuma Turawan Fotugal ne suka raɗa masa suna Legas. A 1851 jiragen yaƙin Ingila suka yi wa garin ruwan wuta, suka kori Sarki Kosoko suka ɗora Akitoye, bayan shekara goma kuma suka sa ɗansa Dosunmu ya miƙa musu garin a rubuce. Daga nan manja ya maye gurbin bayi a cikin jiragen. Mutanenmu suna nan tun lokacin, domin rundunar da wani jami'in Ingila mai suna Glover ya kafa a 1863 ta Hausawa ce, da yawansu waɗanda suka tsere daga bauta, kuma tana cikin tushen sojan Najeriya na yau.

Abin da ya sauya komai shi ne layin dogo da ya haɗa Legas da Kano a 1912. Gyaɗa da fatu da auduga suka riƙa gangarowa zuwa bakin jiragen ruwa, goro kuma yana hawa Arewa. Ka san kakanninmu fatake sai sun shafe watanni da jakuna kafin su ɗauko goro daga Gwanja. Da manoman yankin Agege suka rungumi shuka shi, ga kuma tashar jirgi a ƙofar gida, sai 'yan goro suka kafa zango a nan. Unguwar da nake rubuto maka wasiƙar nan daga cikinta jikar wannan zangon ce. Har gobe tumatir da albasa da tattasai na kasuwar Mile 12, da shanun da ake yankawa a mayankar Oko-Oba, akasarinsu daga wajenmu suke zuwa, shi ya sa duk lokacin da manyan motoci suka tsaya a hanya, farashin kayan miya ne yake fara faɗa wa mutanen gari.

Gowon ya ƙirƙiri jihar Legas a Mayun 1967, kuma ita ce mafi ƙanƙantar ƙasa a duk jihohin Najeriya. Kuɗin man fetur ya zo ya tarar da tashar jiragen ruwa ɗaya a Apapa, har a 1975 ɗaruruwan jiragen siminti suka yi cirko-cirko a teku tsawon watanni, dalilin da ya sa aka gaggauta gina tashar Tin Can a 1977. Jama'a kuwa ba su jira an shirya musu ba. Ƙidayar 1963 ta ba birnin mutum kimanin 665,000, ta 2006 ta ba jihar sama da miliyan 9, ƙasa kaɗan da Kano, abin da gwamnatin Legas ta ƙi yarda da shi, ta ce mutanenta sun haura miliyan 17.

Inda ƙasa ta yi kaɗan mutane suka yi yawa, talaka ne yake matsawa. Gwamna Jakande ya yi ƙoƙari tsakanin 1979 da 1983 da gidaje masu sauƙin kuɗi da makarantu kyauta, amma aikin jirgin ƙasa na cikin gari da ya faro sojoji suka soke shi, sai a 2023 irinsa ya fara ɗaukar fasinja. A Yulin 1990 aka rushe unguwar Maroko, dubban iyalai suka kwana a titi, yau kuma filin yana cikin mafi tsada a ƙasar. Yanzu teku ake cikewa da yashi a Eko Atlantic, ga sabuwar tashar jiragen ruwa a Lekki, ga matatar Dangote mai iya tace ganga 650,000 a rana. Ina alfahari da matatar, amma ban ga inda aka tanadar wa leburan da suka gina ta wurin kwana ba.

Saboda haka, idan ɗanka acaba yake da niyyar yi, ka hana shi, domin tun 2022 an haramta ta a manyan sassan birnin, babur ɗin da aka kama kuma murƙushe shi ake yi. Idan kuwa zai iya jure harkar kayan gwari, akwai wani maƙwabcina dillali a Mile 12 da yake neman yaro mai amana da ya iya lissafi. Ya zo bayan Sallah, zai sauka a shagona har ya san gari. Ka gaida mai ɗakinka da yara.

Wassalam,
Naka amini