Koke Zuwa Ga Mai Martaba Sarkin Mai Wurno Kan Ƙone Makwancin Tsattsewa A Bakin Bahar

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Allah ya ja zamanin Sarki, Allah ya ƙara wa Sarki lafiya da imani. Mu ne talakawanka masu lambu da masunta da makiyaya na bakin bahar, wato kogin Nilu, a nan Mai Wurno ta ƙasar Sudan, muna gaisuwa da ban girma, muna kuma neman afuwa idan zafin zuciya ya sa harshenmu ya zarce.

Ranka ya daɗe, a daren Juma'ar da ta gabata wasu mutane suka zagaye fadamar kacala da ke ƙasan lambunanmu da raga, suka cinna mata wuta bayan isha, lokacin da tsattsewa ta cika ta tana barci. Da gari ya waye muka tarar da tsuntsaye a ƙone birjik cikin toka, wasu na mutsu-mutsu ba fiffike. Yaranmu ne suka fara gani. Abin da raga ta kama aka ɗura a buhu aka tafi da shi, sauran aka bar wa shirwa. Wutar ma ba ta tsaya a fadama ba, ta lashe shingen lambuna da ayabar wata gwauruwa da ba ta da wani abin dogaro.

Da muka yi magana, sai aka ce wai jan-baki ake kora. Allah ya taimaki Sarki, mu manoma ne, mun san jan-baki, mun sha wuya a hannunsa a gonakin dawa. Tsattsewa ba ta cin hatsi, ko ƙwara ɗaya. Abincinta ƙuda da sauro da ƙananan ƙwari, a sama take kama su tana cikin tashi, ruwa ma a guje take shan sa ba ta sauka. Mai kuɓewa da tumatir ya san amfaninta, mai shanu ma ya sani, don tana bin garke tana rage masa ƙuda. Iri biyu muke da su. Akwai 'yar gida, wadda ke ɗauko laka a baki ta gina sheƙa a zaure da masallaci, iyayenmu kuma suka hana mu taɓa ta. Akwai baƙuwa mai jan maƙogwaro da dogon wutsiya mai reshe biyu, nauyinta kimanin giram 20 ne kawai. Wannan a Turai da Rasha take ƙyanƙyasa, ta ƙetare teku da hamada, ta biyo kwarin Nilu ta iso mana a watannin Satumba da Oktoba. Wasu su zauna, da yawa su huta su wuce kudu har ƙasar Afirka ta Kudu, su sake biyowa ta nan a Maris da Afrilu. Galibi takan kwana ne cikin kacala da gabara a kan ruwa, dubbai a wuri guda. Wanda ya sa wutar ya san haka sarai, shi ya sa ya jira dare.

Garin nan baƙi ne suka kafa shi, kakanninmu da suka biyo Muhammadu Bello Mai Wurno bayan yaƙin Burmi na 1903. A ce a ƙasar Sarki ake ƙone baƙo yana barci, wannan abin kunya ne gare mu duka. Kuma Abu Dawuda ya ruwaito cewa Manzon Allah (SAW) ya umarci sahabbai su mayar wa wata tsuntsuwa 'ya'yanta da suka ɗauke, a hadisin nan kuma ya hana azabtarwa da wuta.

Ba yau muka fara kuka ba. Mun gaya wa masu unguwa, mun tura dattawa, liman ya yi huɗuba, an ce za a duba, har yau shiru. Dajin sunut, wato gabaruwar bakin bahar inda ƙananan tsuntsaye ke fakewa, haka muka yi ta magana a kansa ana sarewa ana gawayi. Mun san halin da ake ciki tun da yaƙi ya ɓarke a Afrilun 2023, gas ya yi wuya, nama ya fi ƙarfin talaka, mu ma a ciki muke. Amma yunwa ba ta ba kowa izinin ƙona lambun maƙwabci ba.

Don haka muna roƙon Mai Martaba ya sa a nemo waɗanda suka yi wannan aiki, sanannu ne, a sa su biya gwauruwar nan ayabarta. A yi shela a kasuwa da masallatai cewa an hana kafa raga da sa wuta a fadama. A ba mu izini mu sa matasa gadi, amma da sanin fada, kada a ce mun ɗauki doka a hannu. Sarki ya rubuta wa jami'an gandun daji su zo su ga sunut da idonsu, a kuma hana sayar da waɗannan tsuntsaye a kasuwa. Sauran kacalar da ke gaban mashaya har yanzu tsattsewa na kwana a ciki, kuma mun ji ana shirin komawa. Muna roƙo, Allah ya ja zamaninka, a yi shelar nan kafin Juma'a mai zuwa.

Allah ya ƙara wa Sarki nasara.

Talakawanka masu biyayya,
Masu lambu, masunta da makiyayan bakin bahar, Mai Wurno, Jihar Sinnar