Barista a taimaka mana, an yanke wa yayata hukuncin kisa kuma kwanakin afil (ɗaukaka ƙara) na ta tafiya

Assalamu alaikum Barista, Allah ya ƙara basira. Ni mai sauraron shirinka ce duk mako amma wallahi ban taɓa kawowa a raina wata rana ni ce zan rubuto ba. Don Allah a sakaya sunana.

Yayata ce uwa ɗaya uba ɗaya, babbar kotun jiharmu ta yanke mata hukuncin rataya a ƙarƙashin sashe na 221 na Final Kod, wato kundin dokar hukunta laifuka, kan mutuwar mijinta. Ba musu muke ba, ita ta buge shi, kuma rai ba abin wasa ba ne, uban 'ya'yanta ne. Amma shekara 11 tana shan duka a gidan nan, ta yi yaji ya fi a ƙirga ana mayar da ita ana cewa ki yi haƙuri zaman aure ibada ne, yanzu haka haƙorinta ɗaya na gaba babu, ga tabo a girarta ta hagu. Daren da abin ya faru shaƙe ta ya yi a tsakar gida har ta fara ganin duhu, hannunta ya lalubo taɓarya a jikin turmi ta maka masa sau ɗaya. Ita da kanta ta fita ba ko mayafi ta taro mai adaidaita aka kai shi asibiti, kafin asuba ya cika, da safe aka yi masa sutura, ba a yi binciken gawa ba.

To abin da ya fi ci min rai shi ne takardar da aka rubuta a caji ofis. Da Turanci aka rubuta, Yaya kuwa Islamiyya kawai ta yi, ba lauya a wajen ba a ɗauki bidiyo ba, aka ce dangwala nan ta dangwala. Sai a kotu muka ji wai a ciki ta ce da ma ta daɗe da niyyar kashe shi, ita kuma ta rantse da Allah ba ta faɗi haka ba. Lauyanmu na farko bai ce uffan ba lokacin da aka miƙa takardar, kuma a kanta alƙali ya fi dogara, sai shaidar ɗanta mai shekara 9 da ko rantsar da shi ba a yi ba saboda bai kai 14 ba. Maƙwabtan da suka sha raba su kuwa duk suka noƙe, wai su ba sa shiga shari'a.

Sabon lauyan da muka samu ya ce tun a lokacin ya kamata a ƙalubalanci takardar, kuma Kotun Ɗaukaka Ƙara ba ta sake kiran shaidu, abin da ke cikin fayil take karantawa, kuma da wuya ta rushe abin da alƙalin da ya ga shaidu ido da ido ya gamsu da shi. Gabana ya faɗi don na tuna shari'ar Maryam Sanda a Abuja, wadda aka samu da laifin kashe mijinta, a 2020 aka yanke mata kisa, ta ɗaukaka ƙara kuma a shekarar aka tabbatar da hukuncin.

Shi ne nake tambaya Barista, shirun da lauyan farko ya yi shi ke nan ya rufe mana ƙofa? Tunda doka ta ce shaidar yaro ƙarami sai an samu wata ta ƙarfafa ta, takardar da mai ita ta musanta za ta iya zama ƙarfafawar? Kuma ina gyara kayanta na tsinci katin asibiti guda 2 a ƙasan akwati, na lokacin da ya karya mata hannu, ana karɓar irin wannan a afil ko mun makara? Burinmu ko ba a sake ta ba a duba kariyar kai ko tunzurawa a mayar da laifin sashe na 224 wanda babu rataya a ciki.

Sannan mahaifiyar marigayin ta aiko cewa ta yafe saboda jikokinta, Allah ya saka mata. Wasu sun ce yafiyar magada a kotun shari'ar Musulunci take aiki ba a babbar kotu ba, gaskiya ne?

An ce kwana 90 ake bayarwa a shigar da afil, yau kwana 52. Hajiyarmu ta sa gonarta ta gado a kasuwa don kuɗin lauya da na haɗa fayil, in hukumar nan mai ba da lauya kyauta tana karɓar irin wannan shari'ar don Allah ka faɗa a shirin wannan makon kafin ta karɓi kuɗin dillali.

Taka mai sauraro, ƙanwar wadda ke tsare.